Rangadin Dreamworld na Pet Shop Boys: Tambayoyi da Amsoshi

Tun ranar da na tura wa 'yan gidanmu wani guntun bidiyo da na ɗauka a babban zauren wasa na Manchester, cikin watan Mayun 2022, ban huta da tambaya ba. Ɗan yayata ne ya fara. Ya ce, "Kawu, waɗannan dattawan biyu masu ƙarfe a fuska, su ka cire kuɗinka ka je kallo?" Na ce su ne. Daga nan wannan ya tambaya, wancan ya tambaya, har na ga gara in tattara waɗanda aka fi maimaitawa in amsa su wuri guda.

Su wane ne Pet Shop Boys ɗin?

Turawan Ingila ne su biyu. Neil Tennant, wanda aka haifa a 1954, shi ne mai rerawa. Chris Lowe, haifaffen 1959, shi ke kan na'urar kiɗa. Sun haɗu a watan Agustan 1981 a wani shagon kayan lantarki da ke titin King's Road a Landan. Tennant ɗan jarida ne, ya yi aiki a mujallar waƙoƙi ta Smash Hits, shi kuwa Lowe zanen gine-gine ya karanta a Jami'ar Liverpool. A riƙe wannan, don duk abin da za a gani a dandamalinsu daga can ya samo asali: ɗaya ya iya tsara magana, ɗaya ya iya tsara fili.

Waƙarsu "West End Girls" ta hau lamba ɗaya a Birtaniya a watan Janairun 1986, ta kuma hau a Amurka cikin shekarar. Sau 4 suna kaiwa lamba ɗaya a ƙasarsu, kuma kundin Guinness na 1999 ya ce ba a taɓa yin mawaƙa biyu da suka kai su nasara a tarihin waƙar Birtaniya ba. Yau sama da shekara 40 ke nan suna tare, ba su raba gari ba.

Mene ne Dreamworld, kuma yaushe aka fara shi?

Shi ne rangadinsu na farko da suka keɓe kacokan ga waƙoƙinsu da suka fi tashe, maimakon tallar sabon faifai. An tsara farawa a 2020, annobar korona ta rufe zaurukan wasa, aka ɗaga, aka sake ɗagawa. Sai ranar 10 ga Mayun 2022 aka buɗe shi a birnin Milan na Italiya. Daga nan suka ratsa Turai, suka shigo Birtaniya, suka rufe ɗaya daga manyan dandamalin bikin waƙoƙi na Glastonbury a daren Lahadi cikin watan Yuni. A watan Satumba da Oktoba suka tsallaka Kanada da Amurka tare da ƙungiyar New Order, a wani rangadin haɗin gwiwa da aka kira Unity, wanda ya kai su Madison Square Garden a New York da Hollywood Bowl a Los Angeles. Daren shiga 2023 a Edinburgh suka yi shi. A 2023 ɗin sun je Sifaniya da Kudancin Amurka, a watan Yulin 2024 kuma suka yi dare 5 a gidan Royal Opera House na Landan.

Me mutum yake gani idan an fara wasan?

Kafin a fara, tutar Yukren ce ta cika allon, shuɗi a sama, rawaya a ƙasa. Lokacin yaƙin Rasha da Yukren bai fi wata 3 da ɓarkewa ba. Sai aka kashe wutar zauren.

Abin da ya fara bayyana fitilun titi ne guda biyu, irin dogayen nan masu lanƙwasasshen wuya. Ƙarƙashin kowace akwai mutum a tsaye cikin farar doguwar riga, fuskarsa ɗauke da wani ƙarfe mai sheƙi, mai ƙahoni biyu miƙe sama. Ba ɗan rawa, ba makaɗi, ba hayaƙi mai yawa. Bayansu allo ne mai faɗi yana zana layukan haske da tsofaffin hotunansu na ƙuruciya. Haka suka yi waƙoƙi da dama su kaɗai, a ɗan siririn filin da ke gaban allon, kamar wasu matafiya biyu da mota ta bari a bakin hanya.

Can sai ga ma'aikata sun shigo da hular kwano da riga mai ɗaukar ido, irin ta masu gyaran titi, suka tura fitilun gefe. Da farko na ɗauka wani abu ne ya lalace. Ashe cikin shiri ne: masu kwashe kayan ma an ɗinka musu suturar wasa. Allon ya ɗaga sama gaba ɗaya, sai ga makaɗa uku a bayansa da ganguna da na'urori, dandamalin da ka ɗauka ɗan lungu ne ya zama fili mai zurfi. Nan zauren ya ɗauki ihu. Baturiyar da ke gefena, wadda za ta yi sa'ar babbar yayata, ta miƙe ta bar jakarta a ƙasa, ba ta sake zama ba har aka tashi.

Daga nan haske ke ta ƙaruwa, sutura na sauyawa, riguna masu walƙiya kamar azurfa, Lowe kuma ya koma can sama cikin wani akwati mai fitilu. Waƙoƙi sama da 20 a cikin kusan awa 2. A ƙarshe sai a kwashe komai, a dawo da fitilun titin nan biyu, su koma ƙarƙashinsu yadda suka fara, Tennant cikin baƙar riga, Lowe da hular hana-sallah mai rubutun BOY irin wadda aka san shi da ita tun farkon fitowarsu. Da waƙar "Being Boring" suke rufewa, wadda Tennant ya rubuta yana tuna wani abokin ƙuruciyarsa da cutar ƙanjamau ta kashe. Ba a tashi da tsalle ba. Jiki a sanyaye aka watse.

Me ya sa ɗayan ba ya motsi, ba ya ko murmushi? Fushi yake yi?

Wannan ita ce tambayar da aka fi yi mini, kuma a nan gizo ke saƙar. Lafiyarsa ƙalau. Tun shekarun 1980 haka Chris Lowe yake fitowa a talabijin: tabarau, hula, fuska a ɗaure, yatsa ɗaya ko biyu kan na'ura. A lokacin kowane makaɗi ƙoƙari yake ya nuna yana jin daɗi, yana karkaɗa kai yana yaƙe haƙora, su kuwa suka ƙi. Abin da ya fara a matsayin ƙin bin yayi ya zama tambarinsu.

To amma mutum biyu da ba sa rawa, ɗaya ma kamar an dasa shi, da me za su riƙe dubban mutane na awa 2? Amsar da suka samo ita ce su bar dandamalin ya yi motsin a madadinsu. Bango ya tashi, haske ya gudu, sutura ta yi magana, su kuma su tsaya cak a tsakiya. A ganina wannan shi ne sirrin duk rangadinsu. Da Lowe zai fara tsalle yau, da rabin armashin ya tafi, domin tsayuwarsa ce ma'aunin da ido ke gane cewa sauran abubuwa na tafiya.

Wa ya tsara wannan dandamali?

Tom Scutt, wani mai tsara dandamalin wasan kwaikwayo a Birtaniya, shi ya zana fili da sutura. Bangaren haɗa kiɗan kuwa, yadda wata waƙa ke zarcewa cikin wata ba tare da an ji gaɓa ba, da hannun Stuart Price, wanda ya shirya musu faifai 3 a jere tsakanin 2013 da 2020. Abin lura, ba wurin masu shirya casu suka je neman mai zane ba. Gidan wasan kwaikwayo suka nufa, kuma dama can al'adarsu ce.

Da can ma haka suke yi?

Har ma fiye. Sun yi suna tun 1986 amma ba su fita rangadi ba sai 1989, saboda irin wasan da suke so ya fi ƙarfin aljihu. Da suka tashi fita, mai shirya fim Derek Jarman suka ɗauko, aka yi wasa da majigi da 'yan rawa da sutura kala-kala a Hong Kong da Japan da Birtaniya. A 1991 suka kira David Alden da David Fielding, mutanen gidan opera, wato wasan kwaikwayon da ake yi da waƙa, suka yi rangadin Performance, wanda kusan wasan kwaikwayo ne sukutum: an ture makaɗa gefe, an ba 'yan rawa da labari tsakiyar fili.

Na 1999 shi ya fi burge ni a tarihi. Zaha Hadid, mai zanen gine-ginen nan haifaffiyar Bagadaza, ita ta zana musu dandamalin rangadin Nightlife, wani farin abu mai lanƙwasa da gangare wanda ake iya sauya masa siffa a tsakiyar wasa. Wannan shekara 5 ke nan kafin ta zama mace ta farko da ta ci kyautar Pritzker, babbar kyautar masu zanen gine-gine, a 2004. Ka ga amfanin mai karatun gini a cikin tafiya.

Sai zamanin mai tsara dandamali Es Devlin, wadda ta riƙe su tun daga 2006 har rangadin Super da aka fara a 2016. Ita ta yi na Pandemonium a 2009, inda aka gina bango da fararen akwatuna ana haska hotuna a kansu, can bangon ya rushe a gaban jama'a, 'yan rawa kuma suka fito da akwati a ka a madadin fuska. A na Electric, 2013, an ga riguna da aka yi da baƙaƙen tsinken shan lemo, da 'yan rawa masu kan bijimi, da gadaje biyu a tsaye da aka lulluɓe mawaƙan a ciki ana haska musu jikin wasu mutane suna mutsu-mutsu. Devlin ɗin ce ta tsara bikin rufe gasar Olamfik ta Landan a 2012, inda su ma suka fito, ta kuma yi aiki da Beyoncé da U2 da Adele.

Sau ɗaya suka gwada ajiye duk wannan, a 2002, suka fito da jita da makaɗa kamar kowa. Ba su daɗe a haka ba suka koma gidan jiya.

Idan aka jera su, Dreamworld ne mafi kamun kai. Babu ɗan rawa ko ɗaya. Wasu tsofaffin masoyansu sun ce sun yi kewar haukan da, ni kuwa ina ganin mutumin da ya doshi 70 ya fi kyau a ƙarƙashin fitila ɗaya da a tsakiyar samari masu kan sa.

Kiɗan nan da gaske a wurin ake yin sa, ko faifai ake sakawa?

Duka biyun, kuma ba su taɓa ɓoyewa ba. Kiɗansu tun asali na na'ura ne, a kwamfuta aka gina shi, don haka ƙashin bayan kowace waƙa daga kwamfuta yake fitowa. A kansa ake ɗora abin da ake yi nan take: muryar Tennant, ganguna, madannan da Lowe da sauran makaɗa ke taɓawa, da amshi. A farkon rangadin makaɗan su ne Afrika Green da Simon Tellier da Clare Uchima, kuma Uchima ce ke karɓar baitukan marigayiya mawaƙiya Dusty Springfield a waƙar da Pet Shop Boys suka yi tare da ita a 1987. Akwai inda Tennant ke ɗaukar jita ya kaɗa da kansa.

Dalilin da ya sa ba a iya raba wasan da kwamfuta ya wuce kiɗa. Akwai wani agogo na ɓoye da ke tafiya tare da kowace waƙa, yana aika lokaci zuwa teburin fitilu da na'urar hotuna. Shi ya sa haske ke faɗowa daidai kan bugun ganga, dare bayan dare, ba kuskure. Makaɗan kuma kowa da 'yar na'ura a kunne, yana jin ƙwas-ƙwas ɗin da ke riƙe masa taki, wanda 'yan kallo ba sa ji. Mai ganga ba shi da ikon ya ja waƙa ko ya gaggauta ta don ya ga jama'a sun ɗauki zafi. Wanda ya saba da makaɗin da ke duban fuskar mutane ya sauya salo nan take zai ga wannan a matsayin rashi, kuma yana da gaskiyarsa. Abin da aka saya da wannan rashin shi ne daidaito.

Yaya ake kwashe duk wannan kaya daga gari zuwa gari?

Nan ne aikin da ba a tafa wa. A rangadi irin wannan, ana tashi daga wasa wajen 11 na dare ma'aikata za su hau kwancewa. Allon da ka gani kamar bango ɗaya ƙananan fale-fale ne, yawanci rabin mita kowane, da ake harhaɗawa. Fitilu na jere a kan dogayen ƙarafa, lasifikoki na rataye a lanƙwashe kamar nonon ayaba. Kowane abu da akwatinsa mai taya da lambarsa, kuma akwai tsarin da ake loda su a tirela, don abin da za a fara buƙata gobe shi ne zai shiga ƙarshe.

Da asuba a gari na gaba, masu hawa rufi ne ke fara shiga. Su auna ƙasa su yi alama da alli, su hau sama su rataya injinan sarƙa da za su ɗaga komai. Kowane rufi da nauyin da injiniya ya yarda ya ɗauka, ba a ƙetare shi. Sai fitilu, sai allo, sai sauti, sai kayan kiɗa, da la'asar a gwada murya, da magariba a buɗe ƙofa. Direbobin tirela ma da tasu dokar: a Turai awa 9 ne tuƙin yini, kuma bayan awa 4 da rabi dole a huta minti 45. Shi ya sa idan ka duba jadawalin rangadi za ka ga ranakun da ba wasa a tsakani. Ba hutun mawaƙa ba ne kawai, hanya ce ke cin su.

Idan za a tsallaka teku lissafi ya sauya. Jirgin ruwa da araha amma makonni yake ɗauka, jirgin sama da sauri amma da tsada. Abin da aka saba shi ne a tafi da abin da ba a samu a ko'ina, wato sutura da kwamfutoci da kayan da aka ƙera musamman, sannan a yi hayar lasifika da fitilu a can. Ko wutar lantarki ba ɗaya ba ce: ta gidajen Turai mai ƙarfin volt 230 ce, ta Amurka 120.

Ficewar Birtaniya daga Tarayyar Turai ta shafe su?

Ta shafi duk mawaƙin Birtaniya da ke fita. Da, tirela za ta tashi daga Landan ta zaga Jamus da Faransa ba mai tambayar ta. Yanzu sai da takardar kwastan mai suna ATA Carnet, wadda ake jera kowane kaya a ciki da lambarsa, a buga hatimi a shiga, a buga a fita. Ma'aikaci ɗan Birtaniya kuma kwana 90 kawai yake da shi cikin kowane 180 a yankin Schengen, wato ƙasashen Turai da ake ratsa iyakokinsu ba binciken fasfo, sannan an taƙaita yawan zangon da tirelar Birtaniya za ta sauke kaya a cikin Tarayyar, abin da ya sa wasu kamfanonin dakon suka buɗe rassa a can. Manya irin waɗannan suna da masu yi musu takardu. Ƙananan mawaƙa ne abin ya fi kayarwa.

Na'ura ta taɓa ba su kunya?

Ta taɓa, kuma a inda ya fi ciwo. A Glastonbury na 2022, ana nunawa kai tsaye a talabijin, aka samu matsala da allon, Lowe ya maƙale a bayansa, Tennant ya yi waƙoƙin farko shi kaɗai a gaba. Masu barkwanci suka ce ai ba a yi asarar motsi ko ɗaya ba. Daga baya aka shawo kan abin, wasan ya ci gaba, har mawaƙi Olly Alexander ya fito suka yi waƙa tare. A bikin fili irin wannan mintuna kaɗan ake ba ka tsakanin mai sauka da mai hawa, ba yini guda kamar a zaure ba.

Ana samun riba kuwa, da wannan kashe kuɗi?

Ba kullum ba. Rangadin 1991 asara suka tafka, sun kuma san za su yi tun kafin su fita. A 1999 kamfanin da ke shirya musu wasannin Birtaniya ya durƙushe ana dab da farawa. A wancan zamani faifai ne ke kawo kuɗi, rangadi talla ce. Yau abin ya juye: sauraro ta intanet ba ya kawo abin kirki, tikiti da rigunan da ake sayarwa a bakin ƙofa su ne cinikin. Wasan da ba 'yan rawa, wanda za a iya faɗaɗa shi a fili ko a matse shi a gidan opera, aka kuma yi shekaru ana yawo da shi ba a sake gini ba, ko ba a faɗa maka ba ka san an yi lissafi.

Mutum zai iya zuwa da iyalinsa ba tare da ya ji kunya ba?

A kan dandamalin Dreamworld dai ba tsiraici, kowa a rufe yake ruf, wani lokaci har fuska. Sai dai a sani ana sayar da giya a zaurukan, mutane na sha a kujerunsu, kuma waƙoƙin na soyayya ne da rayuwar dare ta Turawa, wasu na taɓa addini da siyasa. Tennant ma kan sauya wani baiti ya sa sunan biranen Yukren, Mariupol da Kyiv. Sautin yana da ƙarfi ƙwarai, ga fitilu masu walƙiya da kan tayar wa mai farfaɗiya da ciwo. Kowa ya san gidansa.

Wace kujera ta fi?

Ta tsakiya, ko da nesa ce. Ni na bi araha na sayi ta gefe, can kusa da kusurwa, ina murna na matso kusa da su. Da aka fara sai na tarar lasifikokin da ke rataye sun tare mini kashi ɗaya cikin uku na allon, hotunan da aka zana don a gan su gaba da gaba kuma duk sun karkace. Na ga gumin goshin Tennant, amma siffar wasan sai daga baya na gan ta a bidiyon wani da ya zauna can baya. Dabarar ita ce ka nemi inda teburin injiniyan sauti yake a tsakiyar zaure, ka zauna kusa da shi ko daidai bayansa a sama. Daga nan ake auna komai, kunnensa ne ma'aunin zauren.

Wanda ba shi da halin zuwa fa?

An ɗauki wasan da suka yi a zauren Royal Arena na Copenhagen, babban birnin Denmak, a watan Yulin 2023, da kyamarori masu yawa, David Barnard ya ba da umarni. An nuna shi a gidajen sinima na ƙasashe da dama ranar 31 ga Janairu da 4 ga Fabrairun 2024. Shi na sa ɗan yayata ya nema. Bayan kwana biyu ya kira ni, ya ce, "Kawu, na gani. Amma mai tabaran nan, har aka gama ban ga ya ɗaga kai ba." Na ce ya sake kallo daga inda allon ke tashi, wannan karon ya bar kallon mutanen, ya kalli abin da ke bayansu.